Ko Hukuma Na Iya Tilasta wa Ɗa Ya Ciyar da Ubansa? Labarin Dokar Singafo

Duk wanda ya taɓa aikin ofis ko aikin koyarwa ya san yadda ƙofar ofis ta kan kasance ran da aka yi albashi. Ga mai bin bashin nama, ga tela, ga mai gidan haya, ko wanne ya sami gindin itace ya kafa ido. A cikinsu kuma wani lokaci a kan ga wani dattijo ya raɓe can gefe da sandarsa da 'yar jakarsa, bai zo da takardar bashi ba, ba ya kuwa ɗaga murya. In an tambaye shi sai ya ce hanya ce ta biyo da shi, ya ce bari ya duba yaron. Kowa ya san abin da ya kawo shi. To, tsakanin wannan dattijo da mai nama, wa ya fi ƙarfin haƙƙi a kan albashin nan? Mai nama in an hana shi ya san hanyar kotu. Dattijon fa, yana da inda zai kai kuka?

Akwai ƙasar da ta zauna ta amsa wannan tambaya a rubuce, ta kafa mata kotu ta musamman, har yanzu kuma tana ta gyaran amsar. Ita ce Singafo, wani ɗan tsibiri a ƙarshen ƙasar Malesiya ta kudu, wanda Ingila ta yi wa mulki kamar yadda ta yi mana, ya zama ƙasa mai zaman kanta a 1965. Mutanensa wajen miliyan 6 ne. Mafi yawansu asalinsu Sinawa ne, sa'an nan akwai Malayawa, waɗanda kusan dukansu Musulmi ne, da kuma Indiyawa. Duk waɗannan kabilu uku mutane ne masu girmama iyaye ƙwarai, kamar mu. Shi ya sa labarinsu ya cancanci a saurara, don ba za a ce rashin tarbiyya ne ya kai su ga yin dokar ba.

Abin da ya kai su shi ne arziki da tsawon rai. Tun 1955 aka kafa musu wani asusun ajiya na ma'aikata, inda a ke yankar wani kashi na albashin ko wane ma'aikaci a ajiye masa, wanda ya ɗauke shi aiki shi ma ya ƙara nasa. A yau ma'aikacin da bai wuce shekara 55 ba ana yankar masa kashi 20 cikin ɗari, uban gidansa ya ɗora 17. Amma fa tsofaffin da suka yi dako a bakin jirgi, da masu tuƙa keken haya, da matan da suka ƙare ƙuruciyarsu a gindin murhu, ba su tara kome a asusun nan ba, ko kuwa abin da suka tara bai taka kara ya karya ba. Su ne suka yi wahala suka sa 'ya'yansu makaranta, 'ya'yan suka fito suka zama akawuna da injiniyoyi, ƙasa ta yi arziki, kaya suka yi tsada. Asibiti kuma ya yi kyau, mutane suka daina mutuwa da wuri. Haihuwa ta ragu ainun, har a 2023 lissafi ya nuna in an raba, mace ɗaya ba ta cika haihuwar ɗa guda ba. Yanzu kusan mutum ɗaya cikin biyar na 'yan ƙasar ya kai shekara 65 ko ya wuce. Watau tsofaffi na ƙaruwa, masu ɗaukar nauyinsu na raguwa.

Wani abin sha'awa, dokar ba daga hannun minista ta fito ba. Wani malamin shari'a ne na jami'ar ƙasar, Walter Woon, wanda ya shiga Majalisa ta hanyar naɗi ba ta zaɓe ba, shi ya kawo shirin dokar a 1994. Daga baya ma ya riƙe muƙamin Babban Lauyan Gwamnati. Da ya kawo ta aka yi ta ce-ce-ku-ce. Waɗansu suka ce abin kunya ne a ce mutanen Asiya sai da sammaci za su ciyar da iyayensu. Waɗansu suka ce dabara ce kawai ta sauke wa Gwamnati nauyi a jibga wa talaka. Waɗansu kuma suka ce babu uban kirki da zai kai ɗansa ƙara, don haka dokar za ta zama takarda a cikin akwati. Shi kuwa hujjarsa ita ce, ya yarda doka ba ta iya sa ƙauna a zuciyar kowa, kuma galibin 'ya'ya ba su bukatar ta, amma akwai 'yan ƙalilan da suka yi watsi da iyayensu, ba kuwa wata hanya da za a bi a kama su. Aka miƙa shirin ga wani kwamiti na Majalisa ya ji ra'ayin jama'a ya yi gyare-gyare. Aka zartar da dokar a 1995, ta fara aiki a watan Yuni na 1996.

Yadda dokar ke aiki

Wanda ke da ikon kai ƙara shi ne uba ko uwa mazaunin ƙasar, wanda ya kai shekara 60, kuma abin hannunsa bai ishe shi bukatun rai ba, watau wurin kwana da abinci da tufafi da kuɗin magani. In bai kai 60 ba amma ciwon jiki ko na hankali ya hana shi nema, shi ma ana karɓar ƙararsa. In tsufa ko ciwo ya hana shi zuwa da kansa, wani na iya shigar masa. Da aka zo faɗin wane ne ɗa, aka faɗaɗa abin: ɗan cikinsa, namiji ko mace, da ɗan da ya ɗauka riƙo bisa doka, da agola, duk suna ciki. In uba ya kai ɗa guda ƙara alhali yana da huɗu, wanda aka kai ɗin yana da ikon ya ce a kirawo sauran, a raba nauyin.

Kotun ba irin wadda muka saba gani ba ce. Shugabanta masanin shari'a ne, yana zama tare da waɗansu mutane masu sanin zaman duniya. Ba a barin 'yan kallo, ba a kuma barin lauya ya tsaya wa kowa. A ganina wannan shi ne mafi hikima a cikin dokar duka. Tsohon da ba shi da na abinci ina zai sami na lauya? In kuwa aka bar ɗa mai kuɗi ya ɗauko lauya ya zo ya yi wa ubansa tambayoyin ƙure a bainar jama'a, to, an yi ɓarnar da ta fi yunwar.

Kafin a yanke kome sai an duba ɓangarorin biyu. A duba bukatar tsohon da abin da ya mallaka, a kuma duba yadda ya yi da dukiyarsa a dā, don wanda ya ƙarar da ajiyarsa a gidan caca ba ɗaya ya ke da wanda ya ƙarar da ita wajen karatun 'ya'ya ba. A duba albashin ɗan, da nauyin matarsa da 'ya'yansa, da abin da ya riga ya saba yi wa iyayen. In an ga yana da hali sai a yanka masa abin da zai riƙa bayarwa wata wata, ko kuwa a dunƙule. In ya ƙi biya sai a kai maganar kotun iyali a tilasta shi, kamar yadda a ke yi wa mijin da ya ƙi ciyar da matarsa.

Bayan shekara goma sha huɗu aka ga akwai gyara. Tsakanin harshe da haƙori ma a kan saɓa, ba kuwa ko wane saɓani ne ya kamata a fara shi da takardar sammaci ba. Sabo da haka a 2010 wani wakilin Majalisa, Seah Kian Peng, ya jagoranci gyaran da ya ce tilas kowa ya fara zuwa wurin wani Kwamishina da aka naɗa don wannan aiki, ya kira uba da 'ya'ya ya nemi sulhu. Sai in sulhu ya gagara za a wuce kotu. Gyaran ya fara aiki a 2011, ya kuwa yi amfani. Ƙararrakin da ke kai wa ga kotun sun faɗi daga wajen 170 a shekara zuwa wajen 30. Mafi yawa a ɗakin Kwamishina a ke kashe wutar. Wanda ya san aikin da dagatai da masu unguwa da dattawan dangi su ke yi a nan ba zai yi mamaki ba. Abin da muke da shi tun kaka da kakanni ne suka yi wa ofis da albashi.

Uban da bai yi uba ba

Sai dai akwai wata matsala da ta fi duk sauran ɗaci, ita ce ta sa aka sake taɓa dokar a 2023. Yaya za a yi da mutumin da ya saki uwar yara ya yi tafiyarsa, bai san cinsu ba bai san shansu ba, ko kuwa wanda ya riƙa azabtar da su suna ƙanana, sa'an nan bayan shekara talatin ya ɓullo da furfura ya ce a ciyar da shi?

Tun a dokar farko an ba kotu ikon ta kori ƙarar irin wannan mutum, ko ta rage abin da za a ba shi, in ɗan ya tabbatar an yashe shi ko an zalunce shi. Amma kafin a kai ga haka sai an aika wa ɗan takarda, ya zo ya zauna gaban wanda ya cuce shi, ya tono abin da ya daɗe da binnewa. Aka ga wannan kansa wata azaba ce. Sabo da haka yanzu uban da hukuma ke da shaidar ya taɓa yashe ɗansa ko ya zalunce shi ba ya da ikon ko fara neman sulhu sai ya nemi izinin kotu tukuna, ana kuma iya hana shi ba tare da an ta da hankalin ɗan ba. An kuma ƙara wa kotu ikon gindaya wa uban sharaɗi, misali in ɗan caca ne a ce sai ya je wurin masu ba da shawara ya nemi rabuwa da halin.

Nan ne mai karatu zai tsaya ya yi tunani, don a nan dokar ta bayyana asalinta. Ta ɗauki ciyar da iyaye kamar ramuwar alheri ne. Ka yi mini ina ƙarami, in yi maka ka tsufa. In ba ka ba da bashin ba, ba ka da abin bi. Za mu ga nan gaba ba haka malaman fiƙihu suka gina nasu hukuncin ba.

Ba Singafo ta fara irin wannan doka ba. Ingila ta yi tata tun 1601, zamanin Sarauniya Alsabatu ta Farko, cikin dokar taimakon matalauta. Aka ce 'ya'yan tsoho ko makaho ko gurgu, in suna da hali, su ɗauki nauyinsa gwargwadon abin da alƙalai suka yanka, wanda ya ƙi a ci shi tarar sule 20, watau fam guda, ko wane wata. Manufar a fili ta ke, kada nauyin ya faɗa kan masu biyan harajin gari. Ingila ta soke wannan tilas a 1948, lokacin da Gwamnati ta ɗauki nauyin tsofaffi a wuyanta. Amma dokar ta riga ta haye teku, har yau jihohi fiye da 20 na Amurka suna da irinta a littattafansu, ko da ya ke ba a cika amfani da ita ba. Ran da aka yi amfani da ita kuwa mutane sun girgiza. A 2012 wata kotun ɗaukaka ƙara ta Jihar Pennsylvania ta tabbatar da hukuncin cewa wani mutum ya biya wajen dala 93,000, kuɗin jinyar uwarsa a wani gidan kula da tsofaffi. Uwar ba ta kai shi ƙara ba, ta ma riga ta bar ƙasar ta koma Girka. Masu gidan jinyar ne suka ɗauki dokar suka bi bashinsu da ita. Ashe sandar da aka sassaƙa wa tsohuwa ta dogara, mai bin bashi na iya ɗauka ya yi duka da ita. Jamus ta hango irin wannan, don tun 2020 hukuma ba ta bin ɗa kuɗin jinyar iyayensa sai in samunsa ya wuce yuro 100,000 a shekara.

Indiya kuma ta yi tata a 2007, ta sa iyakar abin da za a yanka wa 'ya'ya rupi 10,000 a wata. Akwai wani sashe a cikinta da ya kamata dattawanmu masu gidaje su ji. In tsoho ya ba ɗansa gida ko gona kyauta bisa sharaɗin zai kula da shi, ɗan ya karɓa ya juya baya, kotu na iya rushe kyautar ta mayar wa tsohon da abinsa.

Abin da ke cikin littattafan alƙalanmu

To, mu komo ga dattijon da muka bari a ƙofar ofis. Nijeriya ba ta da wata doka ta Tarayya irin ta Singafo. Tsarin Mulki na 1999 ya ambaci kula da tsofaffi da fansho cikin manufofin da a ke so Gwamnati ta bi, amma wannan babi ba a kai ƙara a kansa. Dokar fansho ta 2004, wadda aka sabunta a 2014, ta ma'aikata ce, ba ta wajabta wa manomi ko maƙeri ko mai tallan goro shiga cikinta ba. An kafa wata cibiya ta tsofaffi bisa dokar da aka sa wa hannu a 2018, amma ba kotu ba ce.

Duk da haka dattijon nan, in Musulmi ne, yana da inda za shi, kuma ƙofar ta girmi dokar Ingila da ɗaruruwan shekaru. Ita ce ƙofar alƙali. Ciyar da iyaye babi ne sananne na nafaƙa a mazhabar Malikiyya wadda kotunanmu ke bi. Yana cikin Risala ta Ibn Abi Zaid, malamin Ƙairawan da ya rasu a 996, an kuma yi bayaninsa filla-filla a Muhtasar na Shehu Halil da sharhohinsa. Da yawa daga cikin masu karanta wannan shafi sun bi ta kansa a zaure, sai dai an fi riƙe shi a matsayin wa'azi, an manta hukunci ne da alƙali ke iya zartarwa.

Sharuɗɗan biyu ne: iyaye su kasance matalauta, ɗa ya kasance mawadaci. Wadata a nan ita ce abin da ya ragu bayan abincinsa da na iyalinsa. Ba a sa shekara 60 ko wata shekara ba. Ba a bambanta namiji da mace ba, 'ya mai dukiya wajibi ne a kanta ko tana gidan miji. Ba a ma sa sharaɗin addini ba, ɗa Musulmi zai ciyar da iyayensa ko ba Musulmi ba ne. Halin da uban ya yi a dā kuwa ba ya cikin sharuɗɗan, don dalilin wajabcin haihuwa ce, ba ramuwa ba. Nan ne hanyarmu ta rabu da ta Singafo. Na san akwai masu karatu da wannan zai yi wa nauyi, musamman waɗanda uwa kaɗai ta yi ta sayar da ƙosai ta raine su bayan an sake ta. Ban ga laifinsu ba in zuciyarsu ta yi ƙunci. Amma hukuncin ke nan.

Ta wani gefen kuma hukuncin ya fi na Singafo faɗi, ta wani ya fi shi ƙunci. Ya fi faɗi don nauyin bai tsaya kan bakin uban kaɗai ba, ya haɗa da matarsa guda ko da ba ita ta haifi ɗan ba, har da mai yi musu hidima in suna bukata. Uwa kuma in ta auri matalauci, auren bai sauke wa ɗanta nauyi ba. Ya fi ƙunci don Malikiyya sun tsaya ga uwa da uba kawai, kaka ba ya cikin waɗanda alƙali zai tilasta wa jika, agola ma ba a bin sa. In ɗa ya musa ya ce ubansa na da abin hannu, uban ne zai kawo shaidu a kan talaucinsa, amma ba a rantsar da shi. Game da kyautar gida irin wadda dokar Indiya ta yi magana a kai, uba na da ikon janye kyautar da ya yi wa ɗansa, muddin ba sadaka ya yi ba, kuma ɗan bai yi aure ko ya ci bashi bisa ƙarfin kyautar ba, bai kuwa sāke mata kama ba.

Wurin da abin ya fi shafar malaman makaranta da akawunan ƙananan hukumomi, magadan ma'aikatan En'e na dā, shi ne rabon nauyi tsakanin 'yan'uwa. Malamai sun kawo zance uku: a raba daidai bisa kawuna, ko a raba kamar gado namiji ya ɗauki biyun mace, ko a raba gwargwadon wadatar kowa. Na ƙarshen shi aka fi rinjayarwa, shi ne kuma ya fi kusa da adalci. Amma wajen aiki da shi mai albashi ne a tsakiyar fili. Samunsa a rubuce ya ke, kowa a gidan ya san matakinsa, ya san ranar da a ke biya. Wansa ɗan kasuwa mai rumfa uku sai ya ce kasuwa ta mutu bana, wa zai buɗe masa littafi? Ƙanensa mai shanu a ruga sai ya ce na riƙo ne. Ta haka malamin da ke karɓar abin da bai fi mafi ƙanƙantar albashi na Naira 70,000 da aka kafa a 2024 da wani abin kirki ba, ga mata ga 'ya'ya biyar, shi a ke kira mai kuɗin gida. Alƙalin da irin wannan ƙara ta zo gabansa aikinsa na farko shi ne ya kirawo 'ya'yan duka, maza da mata, ya binciki abin da ko wanne ya mallaka, kada ya tsaya ga wanda takardar albashi ta tona.

Akwai kuma wata ƙa'ida da dattawa da yawa ba su sani ba. Ciyar da mata bashi ne, in miji mai hali ya ƙi yi ana bin sa na baya. Ciyar da iyaye ba haka ba ne, don toshe yunwar yau aka wajabta shi. In wata ya wuce uba ya ci a gidan maƙwabci ko ya kwana da yunwa, na wannan watan ya faɗi, ba a bin ɗan. Sai fa in alƙali ya riga ya yanka, daga ranar ne ya ke zama bashi tabbatacce. Dattijon da ya yi shekara biyar yana zuwa ƙofar ofis yana cewa hanya ce ta biyo da shi, in ya je kotu gobe, daga gobe za a fara yi masa lissafi.